Ranar da Rasin Ya Ƙare a Shagonmu

Mushe na riƙe da ekran ɗin ordinater, wato allon kwamfuta, da hannu bibbiyu, ya juya shi kai ƙasa gindi bisa, ni kuwa ina zaune ina buga tambaya ta shida, gumi na shiga min ido. Hakanan kaɗai rubutun ke tsayuwa daidai, tun da na danna wani abin da ban san ko mi ne ba, komi na cikin ekran ɗin ya kihe.

"Ka yi sauri," in ji shi. "Ni ba ƙusa ba ne."

"Saura kaɗan, Mushe."

"Haka ka riƙa ce mini tun kana ajin sankiyem."

Mushe, yadda muke kiran malam a lakwal, shi ya koya min lissahi a kolej, ƴan shekarun da na leƙa. Mutumin Damagaram ne, anka kawo shi Tawa, daga baya anka maida shi Affala. Ran nan ya zo da takardar kompozisiyon, wato jarrabawa, ta ƙarshen shekara rubuce da hannu, a buga mai ita, a yi hotokopi, shi kama motar Affala ta bayan azahar, don ran Litinin da sahe ɗiyan mutane za su zauna bisanta. Cikin takardar akwai alamar rasin har tara, wagga mai kama da rumhwa mai ƙahwa guda, √. Ni kuwa ko guda ban da. Sun ƙare tun ran Talata.

Na san za a ce alama ba ta ƙarewa. Yanzu ni ma na sani. Lokacin ban sani ba, kuma babu wanda ya ga ya dace shi hwaɗa min.

Shagon na kusa da tasha. Ordinater ukku ne ciki, guda na aiki, biyu muna aza kwanon abinci bisansu. Malaman lakwal ke zuwa, da ma'aikatan likita, da duk wanda anka ce ma shi kawo takarda bugagga ko a mance da shi. Yayata ta samo min aikin. Ita ma'aikaciyar likita ce, kuma mai shagon, wanda kowa ke ce ma Patron, abokin mijinta ne. Kahin nan na yi kabu-kabu wata biyu, har ranar da ni da wani bunsuru munka kasa shirya wa zai wuce gaban kasuwar dabbobi. Na yi ɗinki kwana tara. Na yi tsaron wurin cajin waya, na ba wani wayar wani, shi kuwa bai ga laihin ta hi tashi kyau ba. Da Yaya za ta kai ni shagon sai ta tsaya bakin ƙohwa, ta ce ba ta da sauran huskar da za ta kai gaban wani saboda ni. In anka kore ni nan, kawu na jirana Kalfu, ya ma ce an yi min sabuwar ƙota ga hauya. Ga shi damana ta kawo kai, kullum marece gabas na yin baƙi. Ni ban ƙi gero ba, cikin ƙwarya nike son ganinai.

Wanda ya riƙe aikin kahin ni ya yi shekara shida nan, sannan ya tahi Abijan biɗa. Ban taɓa ganinai ba, amma kullum sai na ji labarinai, kamar waliyyi. Shi ya bar wata takarda cikin ordinater, ya sa mata suna RUMBU. Duk alamar da babu bisa klabiye, allon maɓallan da ake bugu, tana cikinta, ko wace da layinta, goma sha biyar-biyar ko ashirin-ashirin, an jera su kamar tumatir ga tire. Layin ƙ, layin ɗ, layin ɓ, layin ƴ. Layin wani harahi mai wutsiya da mutanen likita ke so wurin awon magani. Layin rasin, layin pi, da wasu da har yau ban san wa ke cinsu ba. Patron ya ce wani abokin mutumin ne ya aiko mai da su daga Yamai cikin kle, ɗan abin ajiyar nan da ake soka ma ordinater, kuma duk Tawa babu shagon da ke da irinsu.

Ranar da na hwara, Patron ya gwada min yadda ake ɗibarsu. Waya na maƙale ga kunnenai, shina hwaɗa da mai kawo takarda, hannunai guda na bisa klabiye.

"Ka zaɓi alama. Ka danne wanga na ƙurya, ka taɓa wanga. Ka koma ga aikinka, ka danne, ka taɓa wancan. Ka gane?"

Na ce na gane. Haruhwan maɓallan layin ƙasa duk sun goge tun zamanin waliyyi, yatsan Patron kuwa in ya sauka maɓalli biyu shike ruhewa, ya ɗan taɓa na ukku. Na zaɓi na hagu cikin biyun. Na gwada, alama ta ɓace daga rumbu ta bayyana cikin aikina. To mi ya rage? Aiki ya yi. Sai abu na biyu da ya koya min: duk sadda zan ruhe takarda ordinater ya tambaye ni wani abu, in ce mai Oui, wato i. Kar in karanta, kar in yi tunani, in ce Oui. Wagga kam ban sha wuyar koyonta ba.

Da sati ya zagayo na ga layin ƙ ya rage. Ban yi mamaki ba. Rumbu ne, ana ɗiba, ko na kawu zuwa bazara ƙasa-ƙasa shike komawa. Na ɗauka in sun ƙare Patron zai aika Yamai a ƙaro, kamar tawada. Abin da na ji tsoro kawai kar a ce sun ƙare da wuri ga hannuna, a ce ɓarna gare ni. Sai na shiga tattali. Wallahi ban taɓa tattalin komi ba a rayuwata kamar yadda na yi tattalin alamun nan. Mai takardar suna ya zo da Hausa, in ba shi ƙ biyu, sauran in sa mai k, in ce mai masu karatu sun san hanya. Wata ma'aikaciyar likita ta zo da harahin nan mai wutsiya har sau bakwai, na tambaye ta ko ba za ta iya haƙuri da huɗu ba. Ta dube ni, ta dubi ƙohwa, kamar tana auna ko ta kira wani. Har alhwahari nike yi a raina. Nike cewa da Yaya za ta ga yadda na zama mai riƙon amana, da ta yi kuka.

Sai lokacin kompozisiyon ya zo, malaman lissahi sunka yi min rubdugu. Su ba a yi masu ragi. Kuma ko da na san ana ɗauko alama daga tsohon aiki, babu tsohon aikin da za a ɗauko, don malami ba shi hita shagon sai ya tsaya bisa kanka ka goge takardatai gaban idonai, kar ta riga shi isa hannun ɗalibai. Rasin na ƙarshe wani malamin Kalfu ya tahi da shi ran Talata. Na so in hwaɗa ma Patron ran Laraba, na ga ranai a ɓace. Ran Alhamis na ga ranai da daɗi, na ce kar in ɓata mai. Ran Asabar ya tahi ɗaurin aure, Mushe ya shigo.

Bai gane ni ba da hwari. Sai da na gaishe shi irin gaisuwar aji, ya sauke tabarau.

"Kai ne? Ashe kana da rai. Mun ɗauka ka tafi shan ruwa ne, shekara biyar ke nan."

Na buga tambaya ta ɗaya da ta biyu lahiya lau, har shina cewa ashe yatsuna sun hi kaina. Ga ta ukku na iske rumhwar nan mai ƙahwa guda. Na buɗe rumbu don dai a ga na buɗe. Layin wayam.

"Mushe, wagga alama dole ce?"

"Wace?"

"Wagga. Ko a sa wata mai kama da ita."

"Rasin ne. Da ka ƙara wata biyu a lakwal da kun gaisa."

"Ai ta ƙare ne."

Ya ce in sake hwaɗi. Na sake. Ya ce shekara ashirin da wani abu shina koyarwa, ya ga alli ya ƙare, ya ga takarda ta ƙare, ya ga haƙurinai ya ƙare, amma yau ya hwara jin rasin ya ƙare. Na ce ko in bar gurbi shi zana da hannu. Ya ce ai da zane da hannu shike so da bai hau mota tun daga Affala ba, ya zauna tsakanin buhun gero da wata tsohuwa mai zabi biyu. Bana shugaban lakwal ya ce komi a buge, kowa ya kawo nashi a buge, ba shi za a mayar ɗan ƙauye ba.

To ni na taɓa ganin Patron na hidda alamar adireshin intanet ta hanyar danne wani maɓalli na dama shi taɓa lamba. Na ce ƙila rasin ma na ɓoye ƙarƙashin wani, ba a dai matsa mai ba ne. Na danne na dama, na bi lambobi ɗaya bayan ɗaya. Ƙugiyoyi sunka hito, da sanda, da wani abu kamar tsani. Na bi haruhwa. Na koma ga maɓallan bisa, wani ya buɗe min taimako cikin Hwaransanci shahi guda, na ce mai Oui. Da na ƙare da su sai na gangara ga kibiyoyi. Ekran ya yi baƙi, ya ƙihta, ya komo kai ƙasa.

Na kashe na kunna, ya komo kai ƙasa. Na gwada bugawa hakanan, wuyana ya ƙage. Ni na kawo shawarar a juya ekran ɗin, kuma har yau ina ganin ita ce shawara mahi kyau da na bada a wanga aiki. Sai dai gindinai na bisa, ba shi tsayuwa shi kaɗai, ni kuwa hannuna na ga aiki. Mushe ya dubi agogo, ya aje jakka, ya naɗe hannun riga. Munka shirya in bar gurbi tara, a yi maganarsu daga baya.

Hakanan Patron ya iske mu. Ya shigo da babbar riga, da goro cikin leda, ya tsaya. Ya dubi Mushe, ya dube ni, ya koma waje ya dubi allon shagon, ya komo.

"Mushe, sannu da aiki. Ka kama aiki nan ne?"

"Ana koya mini. Yaronka ya ce rasin ya ƙare."

"Mi ya ƙare?"

Ya zagayo bayana ya ce in buɗe rumbu. Na buɗe. Shahi biyu ne da, yanzu ya koma kamar kan wanda anka yi ma aski da kwalba. Ƙ ukku, ɗ guda, ɓ da ɗan dama don ba a cika biɗarta ba. Layin rasin, da na pi, da na mutanen likita, da wasu biyar, babu ko na iri.

"Ina sunka tahi?"

"An yi aiki da su, Patron. Kuma wallahi na yi tattali."

"Gwada min yadda kake ɗauka."

Na zaɓi ɗ ɗin nan guda da ta rage, na danne na ƙurya, na taɓa na hagu. Ta ɓace. Patron ya zauna bisa ordinater ɗin da muke aza abinci.

"Na dama," in ji shi, a hankali. "Na dama shike kwahi. Na hagu yankewa shike yi. Wata guda kana yanka?"

"Sati biyar."

"Shekara shida mutum na ɗiba, ko guda ba ta rage ba. Kai ka cinye su sati biyar."

"To ai sai a buga wasu," in ji Mushe daga bayan ekran. "Kai da ka san kan abin. Hannuna ya gaji."

Nan na ga wani abu ga huskar Patron da na sani ƙwarai, don ita nike yi duk sadda Mushe ya kira ni allo. Ya ce ba a buga su, daga Yamai suke. Ya kira lambar mutumin Abijan sau ukku, wata mata ta riƙa ba shi haƙuri da Hwaransanci. Ya karɓi klabiye, ya danne maɓallin dama, ya bi lambobi ɗaya bayan ɗaya. Na so in ce mai na riga na bi ta nan, babu ruwa, amma na ga ba ranar ba da shawara ba ce.

Anka kira salla. Mushe ya jingina ekran ga bango, munka tokare shi da ƙunshin takarda biyu. Ya ce a hidda mai takardar yadda take. Ya ciro biro baƙi, ya biɗi abin ja layi, babu, ya ɗauki katin wayar Patron. Ya duƙa bisa tebur ya zana rasin tara, ko wane da ƴar ƙahwatai da ruhinai, bai yi minti biyu ba. Da anka yi hotokopi ba ka rarrabe su da bugaggu, sai dai ma sun hi. Ya tsaya na goge takardar gaban idonai, da ita da ɗ ɗinmu ta ƙarshe da na liƙa can ƙasa don ban san inda zan aje ta ba. Wannan ma sai daga baya na tuna.

"A da sifili na saba ba ka," in ji shi bakin ƙohwa. "Yanzu ina tsoro kar shi ma ka ce ya ƙare."

Ya hau kabu-kabu, ya bi motar da ta riga ta hita tasha.

Patron bai yi hwaɗa ba, abin da ya hi tada min hankali ke nan. Ya ce saboda mijin Yaya ba zai ce komi ba yau. In tahi. In na iya maido mai rumbunai yadda na iske shi kahin Litinin, in komo. In ban iya ba, shi da kanai zai biya min mota zuwa Kalfu, har shi roƙa a ba ni gaba.

Na hita cikin rana. Ban nuhi gida ba, don Yaya na sauka aiki ƙarhe biyu. Na yi ta tahiya ina lissahin Yamai: ban san kowa can ba sai wani abokina mai wankin mota, kuma ban ga yadda zan bayyana mai rasin ta waya ba. Can wajen ofisoshi na ga wani shago irin namu, ƙarami, wata mata na zaune tana bugu tana cin gyaɗa. Na shiga, na gaishe ta, na zana mata rasin bisa tahin hannuna.

"Tanti, kuna da irin wagga? Ko guda ce a saida min."

"A saida ma?"

"Ko aro. In kwaha in maido."

Ta aje gyaɗa. Ta ce in ba ta labari tun daga hwari, kuma kar in tsallake komi. Na ba ta. Wurin tattali ta sa na maimaita, ta ce a ina ma'aikaciyar likitar take, tana son ta gaishe ta. Da ta gama share hawaye ta ce in matso.

"Ƙanena, dubi nan bisa. Mi anka rubuta?"

"Insertion."

"Ashe ka iya karatu. Taɓa. Can ƙarshe hwa?"

"Symbole."

Na taɓa. Wani akwati ya buɗe, cike da alamu layi-layi. Ta ce in gangara. Na gangara, na gangara, ba su ƙare ba. Ga ƙ, ga ɗ, ga ƴ, ga harahin mutanen likita, ga rasin zaune abinai kusa da wasu ƴan uwanai. Ga na Larabci, ga wasu kamar sawun kaji. Ta ce ko wane ordinater da su shike zuwa, har wanda muke aza abinci bisanai in da shina tashi. Na tambaye ta to na Yamai hwa, waɗanda anka aiko cikin kle.

"Wa ya ce ma daga Yamai suke?"

"Wanda ya riƙe aikin kahin ni ya hwaɗa ma Patron."

"Shekara nawa ya yi nan?"

"Shida."

"Ba a taɓa korarshi ba?"

"Ko sau guda."

"To," in ji ta, ta koma ga gyaɗarta.

Ina da ɗan kle da nike zuba waƙoƙi. Ta bar ni na zauna ga ordinater ɗinta na biyu, na yi sabon rumbu, ko wace alama layi guda, ashirin-ashirin, har na daɗa wasu da ba mu da su da, don a ga kaya sabbi ne. Ta gwada min yadda ake maido ekran da ya kihe, maɓalli ukku ne kacal, ta sa na yi sau biyar, ina kihewa ina tadawa. Ta ɗauki jan hwarce ta ɗiga min ga yatsan da ke taɓa na dama, ta ce kar in wanke sai na haddace. Na ce nawa zan biya. Ta ce ta riga ta ci kuɗɗinta.

Na zauna wurin mai shayi bayan la'asar, kle cikin aljihu, gabas ta yi baƙi ƙirin, iska na kawo ƙamshin ruwan da ya sauka wani wuri. Na yi tunanin in hwaɗa ma Patron gaskiya, in gwada mai akwatin, taɓi biyu ne. Na yi tunanin kuma in ya sani, to mi ya rage da zai riƙe ni saboda shi, ni da na sa malamin lissahi ya yi dakon ekran gaban jama'a. Ban daɗe ina wanga tunani ba, gaskiya. Na ciro waya na rubuta mai:

"Patron, barka da marece. An dace, kaya sun samu, sun ma hi na da yawa, rasin kaɗai ashirin. Na sha wuya ƙwarai kahin a ba ni. Mai su ba ta son a san ta, ta ce in wani abu ya taso ni kaɗai za ta riƙa ba. Ekran ma kar a kira mai gyara, na san ciwonai, aikin kamar awa biyu ne, sai dai ina son a bar ni ni ɗaya cikin shago sadda zan yi. Ina nan tahe Litinin tun da sahe in Allah ya so. Don Allah in kun haɗu da mijin Yaya ba sai an tada maganar yau ba."